Malamina ya ja min jan biro a kan kalma ɗaya, Yayana kuma ya daina ɗaga wayata

Saƙon da ya shigo: "Assalamu alaikum Anti. Ni matashi ne, na karanta zane-zane a gida, yanzu ina digiri na biyu a tarihin fasaha a Ingila. Wannan zangon an ba mu kwas a kan yadda ake siffanta sha'awar jinsi ɗaya a zane da sassaƙa. Na yi takarda a kan Mikelanjelo na ce ɗan luwaɗi ne, da Turancinsu, malamin ya dawo min da ita ya ce kalmar ba ta zauna ba, in je in koyi bambancin kalmomin. Ni wallahi duk ɗaya nake ganinsu. Ga shi na tura wa Yayana hoton littafin da ake sa mu karantawa don ya ga wahalar da nake sha, tun ranar bai ƙara ɗaga wayata ba, ya ce wa Hajiya Turawa sun lalata ni. Ina tunanin ajiye kwas ɗin. Shin karanta irin wannan ma ba yarda da shi ba ne?"

Wa alaikumus salam ƙanena. Toh da farko dai kar ka ajiye kwas ɗin nan. Kai kana ganin malamin ya hana ka faɗin gaskiya ne don ya rufa wa mutumin asiri, ni kuwa da na karanta saƙonka abin da na gani shi ne ka rubuta abin da ba ka da shaidarsa, kuma wannan ko a gaban malamin zaure ka yi shi sai an ce maka kawo hujja. Ba ra'ayinka ya ja wa layi ba, kalmar ce ta wuce inda takardun suka tsaya.

Mu ɗauki mutumin naka, mai zane da sassaƙa na Italiya. A 1532 Mikelanjelo, yana da shekara 57, ya haɗu da wani saurayi ɗan manyan gida a birnin Rum mai suna Tommaso dei Cavalieri, ya rubuta masa waƙoƙi masu zafin bege, ya yi masa zane-zane kyauta, ciki har da na Ganimid, yaron da tatsuniyar Girkawa ta ce ubangidan gumakansu ya rikiɗe gaggafa ya sure shi. Wannan duk tabbas ne, waƙoƙin suna nan, zanen suna nan. Shi Cavalieri ya yi aure ya hayayyafa, kuma yana gefen gadon lokacin da Mikelanjelo ya mutu a 1564. Abin da babu shi ne shaidar cewa wani abu ya taɓa shiga tsakaninsu a jiki, hasali ma a cikin waƙoƙin shi da kansa yana nanata cewa sonsa mai tsabta ne, ko ka yarda da shi ko kar ka yarda, abin da ya faɗa ke nan. Kai kuma ka zo bayan shekara kusan ɗari biyar ka ɗora masa sunan aiki. Don luwaɗi sunan aiki ne ƙanena, ba sunan bege ba ne, ba sunan kallo ba ne, kuma mutanen zamaninsa sun san wannan bambancin fiye da mu, don a Filorens, birninsu a Italiya, har ofishi guda suka buɗe, Jami'an Dare, daga 1432 zuwa 1502, ba su da aiki sai bin diddigin masu wannan laifin, mutum wajen 17,000 aka kai sunansu, wajen 3,000 aka hukunta. Leonardo da Vinci an kai ƙararsa a 1476 aka kori ƙarar. Kaga garin da ba ya wasa da rubuta suna ke nan, amma babu takardar kotu a kan Mikelanjelo.

Sai dai kar ka koma ɗaya gefen ka ce toh ashe babu komai, abota ce kawai. Wannan ma an taɓa yi, kuma ƙarya ce. A 1623 jikan ɗan'uwansa ya buga waƙoƙin, sai ya bi yana canza wakilin suna, inda aka ce "shi" ya mayar "ita", haka aka yi ta karantawa sama da shekara ɗari biyu har sai da aka koma ga rubutun hannunsa na asali. Shi jikan ya ji kunya ya rage, kai ka ji haushi ka ƙara, ni a wurina laifinku ɗaya ne, kowa ya taɓa amanar takarda.

Yanzu kalmomin da ka ce duk ɗaya kake ganinsu. Wadda na tabbata ka yi amfani da ita, homosekshuwal, ko ƙanwarta ta kan titi, ba ta tsufa ba sam. Wani marubuci ɗan asalin Hungari, Karl-Maria Kertbeny, shi ya ƙirƙiro ta da Jamusanci, a wata wasiƙa a 1868, ya buga ta a 1869 yana jayayya da dokar hukunta luwaɗi ta ƙasar Furushiya, wadda a lokacin masarauta ce ta Jamusawa, daga baya likitoci irin su Krafft-Ebing suka ɗauka suka yaɗa. Kuma ba sabuwar kalma kaɗai ba ce, sabon tunani ne ta zo da shi, cewa akwai wani nau'in mutum daban wanda wannan shi ne asalinsa, ba wai mutum ne da ya aikata kaza ba. Kafin nan doka da coci aiki suke kallo, wa ya yi, da wa, yaushe. Shi ya sa idan ka liƙa wa mutumin 1532 kalmar 1869 malamin tarihi zai ce ka sa masa rigar da ba a ɗinka ba tukuna a zamaninsa. A wajen Jamusawan ma ba ita kaɗai ba ce, Karl Heinrich Ulrichs yana da tasa, Urning, wadda ya ciro daga maganar Aflatun, masanin falsafar Girkawa, a kan soyayyar sama, har wasu mawaƙan Ingila suka ɗauka suna kiran kansu da ita, sai ta mutu. In ka ci karo da ita a littafi ka san ana maganar ƙarshen ƙarni na 19 ne, kar ka ja ta gaba ko baya.

Wadda malaminka yake so ka kama, ina kyautata zato, ita ce homo'irotik. Ita wannan ba mutum take siffantawa ba, aikin take siffantawa. Wato zane ko sassaƙa ko waƙa da aka tsara ta yadda jikin namiji ya zama abin sha'awa ga idon namiji, ko na mace ga mace, ko da mai zanen bai taɓa yin komai ba, ko da ma ba a san komai a kan rayuwarsa ba. Da Hausa ni zan ce zane mai ɗauke da shauƙin jinsi ɗaya. Zanen Waliyyi Sebastiyan da Guido Reni ya yi misali ne da za ka gani a kowane littafi, abin ibada ne aka zana don coci da masu addini, saurayi ɗaure an harbe shi da kibau, amma yadda aka fito da jikin ya sa masu kallo na baya suka karanta shi da wani ido daban. Toh nan ma sai ka tambayi kanka shauƙin a ina yake, a hannun mai zanen ne, ko a wurin wanda ya biya kuɗin, ko a idon wanda ya zo kallo bayan shekara ɗari uku. Wurare uku ne daban, kuma yawancin takardun ɗalibai da suke faɗuwa a nan suke faɗuwa, sun haɗe ukun wuri guda.

Akwai kuma homososhiyal, wadda ita babu sha'awa a cikinta dole, zaman maza da maza ne ko mata da mata, barikin soja, majalisa, ɗakin kwanan ɗalibai. Wannan kai ya kamata ka fi kowa a ajin ganewa. Mu nan aboki ya riƙe hannun abokinsa su bi kasuwa, ƙawa ta kwana gado ɗaya da ƙawarta ranar biki, mai bege ya tashi a zawiya ya kira Shehinsa masoyi yana kuka yana cewa shauƙi zai kashe shi, babu wanda ya kawo komai a ransa. Bature ya ɗauki hoton nan ya kai gida, in bai san mu ba, wace kalma kake tsammani zai sa a ƙasa? Su ma kansu haka suke fama da tsofaffin hotunansu na ƙarni na 19, maza biyu rungume da juna a gaban mai hoto, wasu masoya ne wasu abokai ne wasu wa da ƙani, kuma hoton ba ya magana. Irin rigimar da ake yi ke nan a kan kabarin nan na Saƙƙara a Masar da aka gano a 1964, na Niyankhnum da Khnumhotep, masu kula da yankan farcen Fir'auna, an zana su hanci da hanci suna rungume, kuma an zana matansu da 'ya'yansu a wurin, wasu masana sun ce tagwaye ne wasu sun ce 'yan'uwa wasu sun ce masoya, har yau ba a rufe maganar ba. Mai hankali a nan yana cewa ga abin da aka zana, ga fassarori uku, ba ya yanke hukunci don ya burge.

Ta ɓangaren mata, lesbiyan da safik duk daga mace ɗaya suka fito, Saffo, mawaƙiyar tsibirin Lesbos da ta rayu wajen shekara 600 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), wadda gutsattsarin waƙoƙinta kawai suka iso mana. Amma ka lura da tarko. Kurbe na Faransa ya zana mata biyu suna barci a gado ɗaya a 1866, wanda ya sa shi aikin kuwa wani jami'in diflomasiyyar Daular Usmaniyya ne, Khalil Bey, don ya rataya a ɗakinsa. Namiji ya zana, namiji ya biya, namiji ya kalla. In ka kira wannan fasahar 'yan maɗigo ka yi kuskure, abin da aka zana ne kawai ya shafi mata biyu, sha'awar da ke cikinsa ta maza ce. Ka gwada shi da Simeon Solomon wanda ya zana Saffo da Erinna a 1864, shi an kama shi a Landan a 1873, akwai takardar kotu, sana'arsa ta rushe ya mutu a talauce a 1905, a kansa kana da abin da za ka dafa in za ka yi maganar rayuwarsa.

Girkawan da kuwa suna da nasu kalmomin, erastes babba mai nema, eromenos ƙarami wanda ake nema, kuma a jikin tukwanen Atina za ka ga an rubuta sunan yaro an ce kalos, wato kyakkyawa. Ka yi amfani da nasu kalmomin in kana maganarsu, kuma kar ka bari kowa ya shafa maka mai a kai, tsari ne na babba da yaro mai tasowa, wanda a dokar yau, har a Ingilan da kake, cin zarafin yara ne. Littattafan da suke kiransa soyayyar Girkawa suna lulluɓe wannan ne da kalma mai daɗi, kuma faɗin haka a takarda ba ra'ayi ba ne, bayani ne. Kofin azurfar nan na Rumawa, Warren Cup, mai ɗauke da hoton maza suna saduwa, da Gidan Tarihin Birtaniya ya saya a 1999 a kan fam miliyan 1.8, in ka je ka karanta ɗan bayanin da aka manna a gefensa ka ga yadda masu aikin suke auna kowace kalma, darasi ne kyauta.

Sai kwiya, wato queer, wadda ita ce za ta fi cika maka kunne a aji. Asalinta zagi ne, ma'anarta bauɗaɗɗe, sai masu fafutuka a Amurka suka karɓe ta wajen 1990 suka ce toh mun ji mu ne, daga nan jami'o'i suka mayar da ita hanyar karatu, wato duba duk inda aiki ya kauce wa abin da zamaninsa ya ɗauka daidai game da namiji da mace. Gidan zanen Tate ya yi baje koli a 2017 mai suna Queer British Art 1861–1967, shekarar farko ita ce aka cire hukuncin kisa a kan luwaɗi a Ingila, ta biyun aka sassauta dokar. Ra'ayina a kanta, faɗinta ya yi yawa, tana iya haɗiye komai, kuma mafi yawan waɗanda aka rataya zanensu a bajen nan da za a kira su da ita a zamaninsu faɗa za a yi. Kana da damar rubuta wannan sukar a takardarka, masana da yawa sun yi ta, ba za a rage maka maki don ka yi jayayya da hujja ba. Abin da za a rage maka shi ne ka yi amfani da ita kamar sunan mutum alhali a wurin hanyar nazari ake nufi.

Yanzu tambayarka ta ƙarshe, wadda na san ita ce take hana ka barci. Ni ba malamar fatawa ba ce, hukuncin aikin kuwa ka san shi tun kana Islamiyya, babu wanda ya ce ka canza shi. Amma wannan rarrabe kalmomin da kake ganin na Turawa ne, malamanmu sun riga su. A littattafan Larabci liwaɗ daban, sihaƙ wato maɗigo daban, nazar wato kallon amrad, saurayin da gemu bai fito masa ba, daban, ishƙi daban, mukhannas wato namiji mai ɗabi'ar mata daban, kowanne da babinsa da hukuncinsa. Ibnul Jauzi ya yi dogon rubutu yana sukar masu kallon samari da sunan ibada, kuma bai iya sukar ba sai da ya siffanta abin dalla-dalla. Ibn Hazm na Andalus, babban malamin fiƙihu da ya rasu a 1064, ya rubuta littafi guda a kan soyayya ya kawo labaran maza da suka kamu da son maza, ya kuma yi babi a kan munin saɓo a cikin littafin dai. Waƙoƙin Abu Nuwas na Bagadaza a kan samari malaman lugga ne suka adana su suka yi musu sharhi, suna da sunansu a adabi, gazalul muzakkar. A Farisanci ma wakilin sunan mace da namiji ɗaya ne, sai ka karanta baiti ba ka san wa ake nufi ba, wani lokacin ma Ubangiji ake nufi. Zanen Shah Abbas, sarkin Farisa, da yaro mai zuba masa abin sha da Muhammad Ƙasim ya yi a 1627 yana gidan tarihin Luvur a Paris, ba Bature ya zana shi ba. In da sanin sunan abu da tarihinsa yarda da shi ne, da alƙali da likita da mai tafsiri duk sun shiga uku.

Kuma harshenmu ma yana da irin wannan tarkon, gara ka sani tun yanzu don wata rana kai za ka koyar da wannan da Hausa. Ɗan daudu ba fassarar ɗan luwaɗi ba ce, magana ce ta ɗabi'a da sana'a da zama cikin mata, tuwo-tuwo, suyar kaji, salon magana, wani yana da mata da 'ya'ya, amma kullum sai ka ga an fassara wannan da wancan, Turawa su yi mu ma mu yi. In za ka rubuta a kan wanda shi da kansa ya bayyana matsayinsa, kamar Rotimi Fani-Kayode, mai ɗaukar hoton da aka haifa a Legas a 1955 ya mutu a Landan a 1989, toh ka ce ga yadda ya kira kansa, ka danganta masa. Wanda bai faɗa ba, musamman mai rai, kar bakinka ya kai can, a addini ƙazafi ne mai nauyi, a gida kuma tun dokar hana auren jinsi ɗaya ta 2014 kalma ɗaya a Facebook tana iya jawo wa mutum ɗauri ko taron dukan da ba zai tashi ba.

Toh ga abin da za ka yi da takardar. Cire jimlar nan, ka sa wani abu kamar haka: waƙoƙin da zanen da ya yi wa Cavalieri suna ɗauke da shauƙin namiji ga namiji a fili, cikin harshen soyayyar Aflatun da ake yayi a Filorens a lokacin, babu shaidar alaƙar jiki, kuma bugun 1623 ya ɓoye wannan da gangan. Shi ke nan, ba ka yaba ba ba ka zaga ba, kuma kowace gaɓa kana iya nuna inda ka samo ta. Ka je ofishin malamin a lokacin ganin ɗalibai ka nuna masa gyaran kafin ka miƙa, in akwai hotunan da zuciyarka ba ta ɗauka ka gaya masa kai tsaye cikin ladabi, ka nemi ka yi aikinka na ƙarshe a kan rubutu, ko a kan kalmomin Larabci da Farisanci ɗin nan, wanda ina tabbatar maka ba kowa a ajin zai iya karanta su daga tushe ba, kai kuwa ko ba komai ka yi Islamiyya.

Maganar Yaya kuma, gaskiya kai ma ka yi wauta, ka tura wa mutum hoton bangon littafi babu bayani yana zaune a gida yana jin labaran Turai iri-iri, me kake so ya ɗauka? Tsoro ne ya kama shi ba ƙiyayya ba. Kar ka tura masa dogon rubutu a WhatsApp kana kare kanka, ba zai karanta ba, in ma ya karanta sai ya ce kaga har ya iya musu. Hajiya za ka fara kira, da murya ba rubutu ba, ka gaishe ta yadda ka saba ka ce mata darasi ne cikin darussa, dole ne a ci shi kafin a ba da takardar shaida, kuma kana nan yadda ta san ka. Daga nan ka nemi wani babba da Yayan yake jin nauyinsa, kawu ko malaminsa, ka yi masa bayanin a natse, in da hali wanda ya yi karatun fiƙihu don shi zai gane zancen babi-babin nan nan take. Ka ci gaba da tura wa Yaya gaisuwar Juma'a ko bai amsa ba, kar ka ƙara ɗaga zancen sai in shi ya tayar, kuma daga yau hoton littafin makaranta ya tsaya a wayarka.